Matan Yumɓun Yaya Rifkatu

Shekara tara ke nan da muka binne yayata Rifkatu a wata maƙabarta da ke gabashin Greensboro. Tun ranar mutane suke ce mini zuciya za ta huce. Na jira, ba ta huce ba. Saboda haka wanda ya buɗe wannan shafi yana tsammanin rubutun nan da aka saba, na "mace mai haƙuri, kowa nata ne," gara ya wuce gaba. Yaya Rifkatu ba kowa ne nata ba. Jama'armu ta garin nan sun tabbatar mata da haka tun tana da rai. Na san da yawansu za su karanta wannan, kuma da su nake.

Mu 'yan Zonkwa ne. Mahaifiyarmu ta rasu wurin haihuwata, Yaya tana yarinya, tana zaune a bakin ƙofar ɗakin tana jin komai. Ita ta goya ni, ita ta yaye ni da kunu, ita ta fara kama hannuna ta kai ni makaranta. Ta karanta tarihi a Zariya, daga baya ta sami hanyar ƙaro karatu a Amurka, har ta zama malama a jami'a a nan. Mijinta ya rasu 'yarsu Hannatu tana ƙarama, sai ta kira ni na zo. Ita tana wani tsohon gida a Glenwood, tana takawa da ƙafa zuwa aji. Ni ina haya wajen Wendover, ina aiki a wani ɗakin ajiyar kaya. Kowace Lahadi muna tare a coci, tana cikin mawaƙa, murya mai kauri, ba ta fashi.

Abin da ta karanta, kuma ta koyar har ƙarfinta ya ƙare, shi ne addinin mutanen Girka na zamanin da, musamman na tsibirin Karita, da na mutanen da suka riga Girkawa tashe a can, waɗanda masana ke kira Minowa. A cikin wannan ma lungu guda ta kama: yadda matansu suke neman taimako idan haihuwa ta matso. Suna da wata allahiya mai suna Ilitiya, wadda suka ɗauka ita ce ke kwance wa mace naƙuda ko ta ɗaure ta. Yaya ta je da ƙafarta wani kogo da ke kusa da bakin teku, a wani wuri da ake kira Amnisos. Ta ce ciki duhu ne da sanyi, ruwa yana ɗiga daga sama, ga wani dutse da ɗigar ruwan ta tsirar daga ƙasa, an kewaye shi da ɗan gini. Nan mata suka yi ta zuwa, zamani bayan zamani, da tukwane da fitilu da zuma. A wani kogon kuma, a kudancin tsibirin, masu tono sun sami ƙananan mutum-mutumi na yumɓu: mace mai ciki dafe da mara, mata da miji a rungume, mace a durƙushe wata ta tallabe ta ta baya. Wasu an kai su don roƙo, wasu don godiya. A wani wurin a ƙasar Girka, in ji ta, tufafi ake kaiwa. Wadda ta sauka lafiya ta kai nata, wadda ba ta tashi ba 'yan'uwa su kai mata.

Ranar da ta ba ni wannan labari muna tsinke alayyahu ne a kicin ɗinta. Ta dakata, ta ce, "Laraba, da a can Mama ta rayu, da zanenta yana cikin waɗanda aka kai."

Na taɓa tambayarta me ya haɗa 'yar coci da allahiyar arna. Ta ce allahiyar ba ta dame ta ba, matan ne. Maza sun rubuta yaƙe-yaƙensu da sunayen sarakunansu. Matan ba su bar rubutu ba, sai wannan yumɓun da suka murza da yatsunsu lokacin da tsoro ya kama su. Ita kuma ta san tsoron, ta ji shi ta bayan ƙofa.

Domin ɗalibai su gani da idonsu, sai ta riƙa sa su suna ƙera kwafin waɗannan mutum-mutumin. Ba wani abin kallo ba ne, wasu hanci a karkace, wasu ciki ya fi kai girma. Waɗanda ɗalibai suka bar mata ta jera su a kan wata kanta a ɗakin karatunta na gida, kusa da littattafai. Kowa ya shiga gidan ya gan su. Shekaru suna nan, babu wanda ya ce uffan.

Ba zan ce Yaya ba ta da hali ba. Bakinta yana da kaifi, kuma ba ta iya ganin abu ta yi shiru. Wata Lahadi ana hidimar godiya, wata mai jego ta fito da jaririnta, mata suna biye da ita da rawa, wannan da doya, wannan da buhun shinkafa. Yaya ta juya ga Mama Asabe, shugabar zumuntar mata, ta ce cikin fara'a, "Mama, abin nan ya tsufa fa. Matan Karita ma haka suke yi, su da zuma." Mama Asabe ba ta yi dariya ba. Ta ce, "Kina haɗa gidan Ubangiji da ramin aljanu?" Yaya ta ce ba wuraren ta haɗa ba, matan ta haɗa. Maganar ta tsaya a nan. Ashe ajiye ta aka yi.

Akwai wata yarinya a cocinmu, Saratu, wadda ta sha ɓari har ta daina faɗa wa mutane idan ta sami ciki. Da ta sake samu, wurin Yaya ta riƙa zuwa, domin Yaya ce kaɗai ba ta ce mata rashin bangaskiya ne ke damunta. Ita ke kai ta asibiti awo, ita ke zama da ita ta fassara mata abin da likita ya faɗa. Wata rana Saratu ta ɗauki ɗaya daga cikin matan yumɓun, mai dafe da mara, ta tambayi ko mece ce. Yaya ta yi mata bayani. Saratu ta fashe da kuka, ta ce ashe tun can akwai irinta. Ta roƙa a ba ta. Ina wurin, da kunnena na ji amsar: "Ɗauki, amma ki sani ƙasar jihar nan ce ta Karolaina, wata ɗalibata ta murza ta. Ba ta ji, ba ta gani, ba ta yin komai. Maganinki kuma kada ki fasa sha."

Cikin ya kai wata bakwai, ɗan ya mutu a ciki. Mijin Saratu yana haɗa mata kayan asibiti ya ga abin a jakarta. Ya tambaye ta, ita kuma tana kwance ba ta san inda kanta yake ba, ta ce, "Anti Rifkatu ce ta ba ni." Gaskiya ta faɗa. Sauran maganar ce ba wanda ya tsaya ya ji.

Ranar Asabar da ta biyo, da rana tsaka, motoci suka cika bakin titin gidan Yaya. Matan zumunta ne, cikin anko, Mama Asabe a gaba, suna waƙa. Suka ce addu'a suka zo yi. Yaya ta buɗe musu ƙofa, har ta ɗora ruwan shayi. Ba su zauna ba. Suka wuce ɗakin karatu, suka share kantar cikin kwandon wanki, suka fito da shi waje suka zazzage a kan siminti. Wata ta ciro guduma daga jakarta. Wato tun daga gida aka shirya. Ina tsaye ina kallon matan da na ci abinci da su, waɗanda Yaya ta cika wa 'ya'yansu takardun shiga makaranta, suna tattake yumɓu da takalman coci suna kiran wuta. Hannatu tana bakin taga, a lokacin ta fara zama budurwa.

Ɗaliban da ke haya a gidan da ke kallon nata suka kira 'yan sanda. Da suka zo, Yaya ta fita ta ce musu babu komai, maganar dangi ce. Har yau ban yafe mata wannan ba. Na ce mata, "Yaya, waɗanne dangi? Da guduma suka shigo miki gida!" Ta ce a cikinsu akwai waɗanda takardunsu na zama a ƙasar ba su cika ba, ba za ta zama sanadin a kwashe uwar wani ba. Ta ɗauki tsintsiya ta share. Su da ta rufa wa asiri, kafin dare sun buga waya Zonkwa.

Fasto ya kira ta ya ce ta tsaya gaban jama'a ta tuba, magana ta wuce. Ta ce za ta tsaya, amma bayani za ta yi. Ya ce ba a buƙatar lacca. Ta ce, "To Fasto, zunuban da na yi Ubangiji ya san su, kuma suna da yawa. Wanda ban yi ba, ba zan ara in tuba a kansa ba." Aka cire ta daga mawaƙa. Ba a kore ta ba, kuma ba ta daina zuwa ba, sai dai bencin da ta zauna yakan zama nata ita da ni da Hannatu. Idan an yi taron cin abinci ta kai gwaten acca, wanda a da ake wawaso, haka za mu dawo da kular ba a taɓa ba. Na ga mai ciki ta hango ta a kanti a Wendover, ta juya keken sayayyarta ta shige wani layin, hannu a kan ciki. Daga gida kuma kawunmu ya kira yana tambaya ko gaskiya ne Rifkatu ta shiga ƙungiyar asiri, ana ba ta 'ya'yan mutane. Kalmar da ba su iya furtawa a gabanmu ba, a waya sun furta ta: mayya.

Saratu ba ta sake ɗaga ido ta kalle mu ba. Na so in je in same ta, Yaya ta hana. Ta ce macen da ta binne ɗa ba a kai mata ƙara. Daga baya suka bar garin, na ji ta haifi biyu. Ban riƙe ta da yawa ba. Waɗanda na riƙe su ne masu hankalinsu a jikinsu, masu digiri, masu aikin jinya, waɗanda sun san abin da ke kashe ɗa a ciki, sun karanta shi sun ci jarrabawa a kansa, amma suka ga ya fi sauƙi a ce yumɓu ne.

Bayan shekara biyu aka gano Yaya tana da sankara a mahaifa. Na ɗauka ciwo zai sa su ji kunya. Sai ga shi ya zama musu hujja. Aka ce abin ya juyo kanta, inda ta taɓa wa mutane nan aka taɓa mata. Wata ta faɗa a taron addu'a, aka amsa da amin. Watannin da ta yi a kwance, masu zuwa su ne abokan aikinta, da ɗalibanta, da wata maƙwabciyarta Hajiya Binta, Bakanuwa, wadda ta ga kantar nan sau da yawa ba ta taɓa ɗaukar ta wani abu ba. Ita ke dama mata kunu, ita ke taya ni juya ta. Ranar jana'iza ɗalibai ne suka ɗauki akwatin. Mutanenmu da suka zo sun tsaya daga baya-baya, kusa da motocinsu.

Nakan tambayi kaina abin da za ta ce da ta ga Greensboro ta yau. Yanzu babu mai ciki a cikinmu da ba a yi mata biki tun kafin ta haihu, a fasa balan-balan a ga shuɗi ko ja don a san namiji ne ko mace, a tara mata kaya har rufi. Cikin matan da suka tattake mata yumɓu, da idona na ga wata da ƙaramar kwalbar mai da aka yi wa addu'a, tana shafa wa 'yarta a mara. Wata ta sa hankici ƙarƙashin filon asibiti, an aiko mata shi daga wurin wani mai wa'azi a Najeriya. Wasu suna kai 'yan safa da rigunan jarirai gaban bagade, su ajiye, su yi alkawarin abin da za su kawo idan Allah ya ba su. Ban ce sun yi laifi ba. Mace mai jiran haihuwa za ta kama duk abin da hannunta ya kai. Amma wannan shi ne daidai abin da Yaya ta faɗa, shi ne kuma abin da aka kira ta mayya a kansa. Da tana nan, na san ba za ta yi fushi irin nawa ba. Za ta gyara tabarau, ta matsa kusa, ta tambayi mai safar daga ina ta koyi wannan, wa ya fara yi, me take faɗa a zuciyarta lokacin da take ajiyewa. Sha'awa za ta ji. Wannan halin nata yana ba ni haushi ko a yanzu.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami bana shi ne baƙin da na yi watan jiya. Mama Asabe ce, ta tsufa, tana dogara sanda, ta taso tun daga gidanta na McLeansville tare da wasu mata biyu. Ƙungiyar mutanenmu za ta yi babban taro, za a jera hotunan waɗanda suka ɗaga sunan al'umma a garin nan. Yaranmu da ke jami'a sun ji malamai suna ambaton Yaya, sun dawo gida suna tambaya me ya sa ba a taɓa gaya musu cewa tamu ce ba. Shi ne aka tuna da ita. Hoto suke so, wanda ta sa rigar digiri.

Na ba su ruwa, domin an yi mini tarbiyya. Na ce, "Mama, a ƙarƙashin hoton me za ku rubuta?"

Ta ce, "Sunanta mana, da aikinta. 'Yarmu ce."

Na ce, "Za ku rubuta abin da ta koyar?"

Ta ce tarihi. Na ce wane tarihi? Ta juya kofin a hannunta. Can ta ce, "Laraba, abin da ya wuce ya wuce. Lokacin ba mu da sani. Ki yi haƙuri, ke Kirista ce."

Na ce mata haƙurin ba ni za a ba ba. Mai shi ta yi shekara biyu a benci guda tana jira, ta yi watanni a gado ƙofarta a buɗe, tsakanin McLeansville da Glenwood kuma ba teku ba ne. Ɗaya daga cikin matan ta ce ai ba su kaɗai ba ne, kowa ya yi. Ita ce mai gudumar. Ban tuna mata ba, na ga ta sani.

Ban gaya musu ainihin dalilina ba, amma zan faɗa a nan. Hannatu ta haihu a farkon shekarar nan, mace. Naƙudar ta yi tsawo, ina riƙe da hannunta. Bayan an gama, an kwantar mata da jaririyar a ƙirji, ta kalle ni ta yi tambaya da Turanci, domin Hausarta ta gudu tun ranar da ta daina shiga cikin mutanenmu. Ta ce, "Anti, ki gaya mini gaskiya. Mama ta yi imani da abubuwan nan?" Yarinyar da ta tashi tana jin uwarta tana waƙar sujada a kicin kowace safiya. Shekaru tana ɗauke da wannan tambaya ba ta iya fitar da ita ba, sai da ta ga bakin mutuwa da kanta. Na ce mata uwarta ba ta taɓa durƙusa wa yumɓu ba, matan da suka murza shi take tausayi. Ta rufe ido, hawaye suna bin kunnenta, ta ce ta sani, so take kawai ta ji wani ya faɗa.

Kantar nan za a iya sake cika ta, ɗalibai suna nan da hannuwansu. Amma kun shiga tsakanin 'ya da uwarta da ke kabari, kun sa mata shakka a inda bai kamata shakka ta taɓa shiga ba. Wannan ne ban san yadda ake yafe shi ba, kuma ba wanda ya zo ya nema.

Idan na auna abin da ya rage na Yaya Rifkatu, ba shi da yawa. Littafin da take rubutawa bai kammalu ba. Gidan Glenwood wasu ɗalibai ne a ciki, sun jingina kekuna a inda aka yi fashe-fashen. Akwai waɗanda ta koyar, suna koyar da wasu a garuruwan da ban sani ba, wani lokaci sukan aiko mini da gaisuwa. Akwai jaririya mai sunanta, mai ƙarar murya. Akwai ni, da ta goya, da nake da baki, kuma ban gaji haƙurinta ba.

Hoton yana nan a ɗakina, ta yi kyau a cikinsa, tana dariya hular ta karkace. Ba zan bayar ba. Ranar taronku ku buga ƙusar a jerin, ku bar wurin haka nan. Idan yaranku suka tambaya hoton wa ya kamata ya hau nan, ku gaya musu sunanta, sa'an nan ku gaya musu dalilin da ya sa babu shi.